Hajiya Mai Ɗaukar Shiru

Ni da ake cewa tun ina ciki nake surutu, ni aka nema in yi shiru na minti ɗaya.

Lokacin ina dillanci a babbar kasuwar 'yan China ta International City a Dubai, mu bakwai a fulat ɗaya, Kanawa huɗu, 'yan Zangon Kumasi uku. Babbanmu, Baba muke ce masa, dattijo ne ɗan Gana, mai gadi, tsohon sojan da ya je kwantar da tarzoma Laberiya. Saboda shi wata Hajiya ta taso daga Kaduna da kyamara. Sana'arta ke nan, bin waɗanda yaƙi ya bari da rai tana ɗaukar labarinsu. Fim ne, amma ba 'yan wasa, ba rawa.

Kwana uku tana hira da Baba. Ranar komawarta, akwati na bakin ƙofa, tasi na jira a ƙasa, sai ta ɗaga makirfo.

"Kowa ya zauna inda yake. Shirun ɗakin nan zan ɗauka, minti ɗaya. Da shi ake liƙe magana in an yanka. In babu, hirar Baba tsalle za ta riƙa yi kamar faifan da ya karce."

Na ce, "Hajiya, mutane gwal suke zuwa saye Dubai, ke shiru?"

"Kai dai rufe bakin, ɗan nan."

Muka rufe. Daƙiƙa biyar, cikin wani ɗan Kumasi ya yi ƙugi, wallahi kamar an tada janareto. Muka tarwatse. Karo na biyu na kalli ƙasa, na kalli sama, tsautsayi ya sa na kalli Baba: ya ƙame, ƙirji waje, kamar ana fareti. Dariya ta ɓullo min ta hanci. Na uku babu ma abin da ya faru, wani ne ya raɗa "khalas?", wato an gama, muka zube kan katifu muna hawaye, har Baban.

Direba ya bugo waya, ko ta sauko ko ya tafi. In ya tafi, jirgi ya tafi. Hajiya ta dubi agogo, ta dube ni.

"Kai mai baki, sauka ka riƙe min direban nan. Kar ya motsa."

Na sauka. Ɗan Pakistan ne, bawan Allah. Na gaishe shi, na gaida garinsu, na gaida maƙwabtansu, sannan na ɗauko masa labarin kakana da ya yi kokawa da kada. Larabcina na kasuwa, Turancinsa na titi, sauran da hannu. Har ya kashe mota ya zuba min shayi.

Ina daidai inda kadan ya fara ba da haƙuri sai ga Hajiya, Baba na biye da jakar kyamara.

Na ce, "An samu?"

"Ɗauka ɗaya. Kana fita ɗakin ya koma masallaci."

Direba ya leƙo ta taga, wai ya aka ƙare da kadan.

Hajiya ta rufe ƙofa. "Yalla, ja mota, malam. Labarin nan ba ya ƙarewa."