Fiyanon Muriel da Gardawa Huɗu

A layinmu na Burnley an daɗe ana cewa taubashiyata Muriel Ackroyd a cikin fiyano aka haife ta, wai har ungozoma ta matse yatsa a murfinsa. Ƙarya ce tsagwaronta! A kan gado aka haife ta kamar kowa. Ni na ƙaga zancen, kuma ban yi nadama ba.

Fiyanon na kakarmu ne, yana falon gaba, wanda ba a buɗewa sai Lahadi ko in an yi mutuwa. Waƙoƙinsa suna cikin kujerarsa, takardu duk sun yi ja: matuƙin jirgin da bai dawo ba, budurwar da tari ya kashe. Wata waƙar mutum goma ke mutuwa kafin amshi. Muriel shekara arba'in tana masaƙa, ƙarar injin ta cinye mata kunne ɗaya, amma kowace Lahadi bayan shayi sai ta buga fiyanon, tana rerawa, ta sa mu kuka.

A 1968 aka ce za a rushe layin. Ɗakin da aka ba ta a hawa na tara yake, fiyano ba ya hawa. Ta bi coci, ta bi makaranta, ta bi dangi, tana neman mai karɓarsa. Kowa ya ce talabijin ta cinye wurin. Masu bikin unguwa kaɗai suka ce suna so, don gasar fasa fiyano: kowane fiyano gardawa huɗu da guduma, a ga waɗanda za su riga ragargaza nasu.

Ta yarda, da sharaɗin ta buga sau ɗaya a filin.

Ta zauna cikin yayyafi da hularta ta coci. Kafin baiti na biyu tsofaffi sun kama. Can sai ga gardawan ma suna amshi, ashe a bakin iyayensu mata suka ji. Hawayen da aka zubar ya isa wanke masaƙa. Ta rufe murfin, aka busa usur. Minti shida suka gama da shi.

A hanyar gida, tana rungume da takardun, na ce, "To, sarauniyar makoki, yau dai bawan Allah ya huta da yatsunki."

Ta juyo da kunnen mai ji.

"Selwyn, shi shekara tamanin yana magana ana cewa ya ƙara. Kai shekara sittin kana zuba, wa ya taɓa ce maka maimaita? Share majinarka."