Tabarmar Kawu Sambo

Duk wanda ya san Kawu Sambo ya san tabarmar nan da yake ɗaurewa a bayan babur. Shugaban ƙungiyar leburori ne tun daga Anka har Gummi, amma ban taɓa jin ya kira yajin aiki ba. In an danne wa ma'aikaci hakki, sai ya je ƙofar ofishin mai laifin ya shimfiɗa, ya aje butarsa, ya zauna abinsa. In an kawo masa kujera sai ya ce, "Ku bar ta. Wanda duk yah hau kujerarku, mantuwa ka kama shi."

Wani babban jami'i a Gummi ya gaji da tsallake shi, ya koma sulalewa ta ƙofar baya. Washegari yana buɗewa ya yi kiciɓis da Kawu.

"Malam Sambo, to ƙofar gaba fa?"

"Na bar buta can, ranka shi daɗe, tana riƙe mini wuri."

Sai dai mai ƙwato hakkin jama'a, ɗakin matarsa Inna Hajo ya shekara yana yoyo. Rannan ya dawo ya tarar da ita ta shimfiɗa tabarma a ƙofar turakarsa.

"Hajo, mi na wanga?"

"Ƙungiya ce."

"Ke da wa?"

"Ni da tukwanen da ka tarbe ruwa."

 Wallahi kujera Kawu ya kawo mata.

Ni kuwa abin da ba na mantawa lokacin gubar dalma ne. Wani ɗan kwangila ya ɗauke mu kwashe gurɓatacciyar ƙasa a Tungar Guru, ba kayan aiki, ba wurin wanka. Da ƙurar muke komawa gida, ga 'yata Saratu tana rarrafe, tana kama ƙafar wandona. Tsoro ya hana ni ɗaukarta. Kawu ya shimfiɗa a gaban motar mutumin a Bukkuyum, ruwan sama ya yi masa duka bai motsa ba.

"Wai leburorin ga ɗiyanka na?" in ji ɗan kwangila.

"A'a. Amma ɗiyansu na kuka, ni ko kusa nike kwana."

Aka kawo tankin ruwa, da takalma, da rigunan aiki. Saratu yanzu tana karatun jinya.

Ran da Kawu ya rasu, manyan da ya addaba suka cika ƙofar gida, kowa na cewa an yi rashin mutumin kirki. Suna waige-waigen kujera, Inna Hajo ta aiko da tabarmar. Har jami'in Gummi ya tattare babbar riga ya zauna a kanta. Na so Kawu ya gani.

Allah Ya jiƙanka, Kawu. Ka sha zama a ƙofofin mutane saboda mu. Allah Ya sa ƙofar da ka nufa yanzu ka tarar da ita a buɗe.