Ranar da Muka Jefi Siniya

A shekarun da kuɗin mai suka sa gwamnati kwaso malamai daga waje, makarantarmu ta kwana ta samu wani Ba'indiye mai koyar da kemistiri, gajere, sai ya yi ɗage yake kaiwa tsakiyar allo. Wata Talata ya zana ƙwallo biyu da sifirin irin na gadon ƙarfe a tsakani. Ya ce haka ƙwayoyin zarra ke riƙe da juna a cikin kowane abu, kullum suna karkarwa, kuma ko an sanyaya su har inda sanyi ya ƙare, akwai sauran karkarwar da ba ta tsayawa. Lissafin ƙarfinta shi ne ka ɗauki yawan kaɗawar a daƙiƙa ɗaya, ka ninka da wata 'yar lamba mai sifiri kamar garken tumaki, ka raba biyu. Na cika shafi uku, amsata ta fito da ƙarfin da zai tura tirela daga Ƙanƙara har Sabuwa. Malam ya ja mini kunne har ya ƙara tsawo.

Da la'asar siniya, ɗalibin babban aji mai kula da gonar makaranta, ya tarar ajinmu bai gama noman dawa ba. Ƙato ne daga wajen Mairuwa, wuyansa kamar turmi. Ya jera mu a rana, kowa a kan ƙafa ɗaya, da hogen ƙasa ɗage sama da kai.

"Wanda ya motsa, dorina goma," in ji shi.

Kusa da ni abokina ne ɗan Yargoje, kwana uku yana fama da zazzaɓi. Haƙoransa na kaɗawa kamar ana kiɗan ƙwarya. Na san ko bulala biyu ba zai ɗauka ba, balle goma. Siniya ya nufo shi yana naɗe hannun riga.

"Siniya, Allah ya ba ka haƙuri," na ce. "Ba laifinsa ba ne. Malam ya ce babu abin da ke tsayawa cik a duniya."

"Kai, ɗan Ketare, da wa kake?"

"Da kai, ranka ya daɗe. Har dorinar nan taka rawa take yi. Ba ni alli in lissafa maka."

Marin da ya kai mini, na rantse sai da na hango garinmu da tsohuwata tana tankaɗe. Na faɗi, na tashi, jini na zuba daga hancina.

"Ka ga ni ma na motsa," na ce. "Fara da ni."

Ya fara kuwa. Dorina ta nannaɗe bayana, ta yaga rigata. A ta shida na daina wayo, na kurma ihu har tsuntsaye suka watse daga gonar. Da ya cika goma, ya juya wajen abokina, wanda ya riga ya durƙushe.

"Tashi, maƙaryaci!"

Siniya ya ɗaga hannu zai zabga masa. Ban san wanda ya fara ba, ko da yake wasu sun ce ni ne. Hoge ya fashe a ƙeyarsa, na biyu a kafaɗa, sai ruwan hoge ta ko'ina. Ya kai wa biyu naushi, ɗaya ya tofar da haƙori. Da ya ga masu fartanya sun taso, ya yar da dorina ya kutsa cikin dawa, muna bin sa muna ihu kamar an tayar da gada.

Masu gadi ne suka raba mu. Washegari shugaban makaranta ya sa aka shimfiɗe ajinmu kaf a gaban taro, bulala shida shida, ni aka ƙara mini huɗu don yawan surutu. Mako guda a tsaye nake cin tuwo.

Abokina yana asibiti lokacin, ana ɗura masa kinin. Ko bulala ɗaya ba ta taɓa shi ba. Da na kai masa kunu, ya dubi kumburarriyar fuskata ya ce, "Wa ya aike ka?" Sannan ya shanye kunun tas, bai rage mini ba.