Yadda Muka Raba Mama da Turminta

Duk wanda ya taɓa sauka daga jirgi a Kafanchan da yunwa a cikinsa ya san soyayyiyar doyar gidanmu. Yanzu in ana ba da tarihin shagunanmu huɗu, na Kafanchan da Kagoro da Kwoi da Gwantu, da babanmu ake farawa, a ƙare da yayana. Ƙarya ce tsagwaronta. Mama ce ta fara, da kasko ɗaya da murhun duwatsu uku a bakin tasha, tun Baba yana lebura a layin dogo. Jirgi ba ya jiran kowa, don haka ta koyi naɗe doya da ƙosai a ganye, ta barbaɗa yaji, ta miƙa ta taga kafin fasinja ya gama buɗe baki.

Doya dai doya ce, kowa yana soyawa. Yajin ne ya sa direbobin jirgi suke aiko mata da kwano tun kafin su kashe wuta. Ita kaɗai take daka shi, ranar Talata, a bayan gida, da busasshiyar cittar da ƙanwarta take aiko mata daga Kwoi. Ba ta da mudu, ba ta da cokali. Hannu take sawa ta ɗiba, ta ɗanɗana a harshe, ta ƙara.

Shekarar da aka ƙara wa ma'aikatan gwamnati albashi, gari ya cika da masu sababbin babura da ke son cin abinci a kan tebur. Yayana, wanda yake akawu a lokacin, ya ajiye aiki ya karɓi sana'ar. Ba zan hana shi haƙƙinsa ba, yana da kai. Shi ya kama shago, ya sa benci da gilashi, ya ɗinka wa masu suya fararen riguna, ya rubuta sunan Baba a allo da jan fenti. Kagoro ta biyo baya, sai Kwoi. Amma duk shagon da ya buɗe, sai ya jira gwangwanin yaji daga turmin Mama, kuma Mama ba ta daka sai ranar da ta saba. Wannan ya tsaya masa a wuya. Akwai kuma abin da bai taɓa faɗa a fili ba: kunyarta yake ji. Tsohuwa mai hudar leɓe irin ta mutanen da, tana zaune a ƙofar shagon gilashi da zani ɗaya, tana ce wa matan manya "ka" da "kai".

Ni ina koyarwa a makarantar mishan a Kagoro. Wata Asabar ya zo a kan babur ɗinsa, ya ajiye sabon littafi mai bangon shuɗi a tebur ɗina.

"Ke mace ce, za ta sake da ke," in ji shi. "Ki zauna da ita, ki auna komai da gwangwanin madara, ki rubuta. Na yi odar injin niƙa."

"Yaya, ita fa?"

"Ta huta mana. Ko so kike ta mutu a kan turmi?"

Na san ba hutu yake nufi ba. Na sani sarai, kada wani ya wanke ni. Amma ni ma ƙawayena malamai suna tsokanata da 'yar mai doya, kuma abin yana cina. Na ɗauki littafin.

A ƙauyen su Mama, uwa ba ta nuna wa kowa hannunta sai 'yar da za ta zauna kusa da ita ta gaje ta. Ranar da za a fara, takan miƙa wa 'yar taɓarya a gaban matan gida. Na san wannan al'ada, boko ne ya sa na ɗauke ta wasan tsofaffi. Da na ce mata ina so in koyi yaji, sai ta tsaya tana kallona, hannunta duk toka. Da yarenmu ta fara magana, na amsa da Hausa kamar yadda muka saba yi mata, sai ta bi ni da tata Hausar.

"Kai za ka koya? Da gaske?"

"Da gaske, Mama."

Ranar Talata na tarar da mata shida a tsakar gida, an yanka kaza. Ta miƙo mini taɓarya da hannu biyu, matan suka yi guɗa. Ran Lahadi ta tashi a zumuntar mata a coci ta ba da shaida, wai Ubangiji ya dawo mata da 'yarta da makaranta ta ɗauke. Ina zaune a benci na uku, na sunkuyar da kai, suka ɗauka tawali'u ne.

Talata huɗu na yi ina zuwa. In ta ɗibi barkono, sai in ce ta zuba a gwangwani tukuna in gani. Ta yi ta dariya, wai 'yan boko ko gishiri sai sun tambayi takarda. Citta, ƙuliƙuli, masoro, kanumfari, kimba, duk na rubuta. Tana aiki tana ba ni labarin yadda ta goya ni a bakin tasha, hayaƙin jirgi yana sa ni atishawa. Ban taɓa ganinta cikin farin ciki irin na watan nan ba, kuma ban taɓa jin ƙyamar kaina kamar lokacin ba. Duk da haka ban fasa ba. Na kai wa yayana littafin, shafi ɗaya da rabi.

Injin ya iso, aka kafa shi a bayan shagon Kafanchan. Da Mama ta aika a kawo mata citta, aka ce Oga, wato yayana, ya ce buhunan su wuce wurin inji. Ta tafi shagon da ƙafarta. Yayana ya tare ta a ƙofa, a gaban masu cin abinci, ya ce daga yau ta zauna a gida ta ci ta sha, an gama da zamanin turmi. Ta juya wurin Baba, wanda yake zaune a kujerarsa ta mai shago tun da ya yi fansho. Baba ya gyara tabarau ya ce, "Yaron ya fi mu sani." Mutumin da doyarta ta ciyar da shi shekara da shekaru ke nan. Ni kuwa na daina zuwa gida ranar Talata, na ce aikin makaranta ya yi yawa.

Ana shirin buɗe shagon Gwantu sai ƙorafi ya fara zuwa. Daga Kwoi aka ce yajin yana ɗaci. Direbobin jirgi suka daina aiko da kwano. Yayana ya canza mai niƙa, ya canza citta, ya zagi kowa, ɗaci yana nan. Wallahi na ji daɗi. Na ce a raina, yanzu dole ya je ya durƙusa mata, ta koma kan turminta da mutuncinta. Abu ɗaya kawai ake bukata, ta yi shiru, ni ma in yi shiru.

Bai je ba. Wurina ya zo.

"Kin bar wani abu. Ki koma ki samo."

Na zage shi, na ce ba ni zuwa. Ya ce to shi zai gaya wa matan zumunta wanda ya rubuta littafin, da ranar da ya ba ni shi. Washegari na hau mota.

Na sami Mama a bayan gida tana tsince acca. Ta rame, idanunta sun faɗa. Ta kawo mini ruwa, ta tambayi 'yan makarantata. Ina ta juya yadda zan fara, sai ta kwance bakin zaninta ta fito da ƙullin yaji a takarda mai tambarin shagonmu. Wata maƙwabciya ce ta sayo mata.

"Na ɗanɗana," ta ce. "Kimba ne. Kun niƙa shi da 'ya'yansa. Ana fasa shi a zubar da 'ya'yan, bawon ake so. Ina yi a gabanka, kana kallon takarda."

"Mama, da kin yi shiru, da shi da kansa zai zo ya roƙe ki."

"Na sani."

"To don me kika faɗa?"

"Mutane suna ci da ɗaci, suna cewa na gidana ne." Ta ci gaba da tsince accarta, ba ta ɗago ba. "Ka zo da littafin, ko? Yana cikin jaka, na ga bakinsa. Rubuta, kada ka manta."

Na fito da shi na rubuta a kan gwiwata, a gabanta. Kafin la'asar yana hannun yayana.