Igiyar Awakin Gwaggo

Shekarar da na fara koyar da lissafi a Rano, kaina ya ɗan kumbura. Da damina ta sauka na je Unguwar Gai gaida Gwaggo, yayar mahaifina. Na tarar za ta turke awakinta biyar, kada su shiga shukar mutane.

Ta ware hannuwanta biyu ta auna igiyar da aka sayo mata, gaba bakwai da rabi. Kowace akuya kuwa gaba ɗaya da rabi take so ta sake a cikinsa.

"Ba za ta isa ba," in ji ta.

Na zaro biro da takarda, na mai da kowane awo rabi-rabi. Rabi goma sha biyar, a raba uku-uku, biyar ke nan cif. Na ce, "Gwaggo, ko zare ba zai yi saura ba."

"To, Malam," ta ce, "aiki ga mai ƙare ka."

Ta miƙo mini wuƙa. Na ɗaure akuya ta farko, sai na ga ƙullin ƙafa ya ci igiya, na turke ma ya ci nasa. Dole na ƙara tsawo. Kafin in zo kan ta biyar, abin da ya rage ko mazagin wando bai kai ba.

Gwaggo ta kamo akuyar a kunne, ta danƙa mini ita.

"Riƙe ta har magariba, Malam. Ai a takardarka a ɗaure take."