Sunan Dada da Muka Binne Tun Tana Raye

Shekara goma sha biyu ke nan da muka kai kakata makwancinta, kuma sai a watan jiya na gano ban san sunanta ba. Matar da ta goye ni, ta yaye ni, ta sha bi na da muciya cikin lungunan New Bell, unguwarmu a Douala. In na tuna abin sai haushi ya kama ni, haushin kaina da na duk gidanmu.

Alkawari ne ya tono zancen. Tana cikin ciwon ajali ta riƙe hannuna, ta ce in Allah ya ba ni 'ya mace in yi mata takwara. Na amsa. Maza uku suka zo a jere, sai bana matata ta haifi mace. Na sayo rago na ɗaure a ƙofar gida, na tafi wurin liman da fara'ata. Ya tambayi sunan da za a yi wa jaririya huɗuba da shi, na ce sunan Dada. Ya ce ai Dada ba sunan yanka ba ne. Na laluba kaina, ban sami wani sunan ba.

Sunaye kam tana da su kamar ta buɗe shago. Dada da muke kiranta Fulanin maƙwabta ne suka laƙaba mata, uwa ke nan da yarensu. Matan ƙabilar Bamileke na kasuwa Manyi suke ce mata saboda ta haifi tagwaye, kuma a wurinsu wannan sarauta ce guda. Tsofaffin Hausawa suna cewa Laraba, don ranar aka haife ta. Kakana kuwa har ya koma ga Allah bai wuce "ke" ko "Uwar Biyu" ba. Katin shaidarta ma Laraba ya ɗauka, aka manna mata sunan miji a gefe, tunda hukuma ba ta yarda mutum ya zauna da suna guda. Kowane suna yana faɗin wani abu game da ita, amma ba ko ɗaya da za a yanka rago a kansa.

Na garzaya wurin Baffa Sale, shi kaɗai ya rage cikin 'ya'yanta. Bai bari na rufe baki ba ya hau ni da faɗa, wai a ina na taɓa jin ɗan kirki ya kama sunan uwarsa. Na ce ba kamawa zai yi ba, ya raɗa mini kawai. Sai ya soma sosa ƙeya. Ashe shi ma bai sani ba! Yana jin dai kamar Hauwa. Matarsa ta leƙo daga ɗaki ta rantse A'isha ne, suka kaure da gardama ni ina zaune, rago na can yana cin dusa.

A nan na ji asalin abin. Sunan kakarta ta wajen uba aka sa mata, don haka ko a gidan da aka haife ta, can arewacin Najeriya, ba mai iya furta shi. Aka kawo ta Douala tana amarya, miji ya yi alkunya, 'ya'ya suka yi alkunya, jikoki muka taso muka tarar. Mun girmama baiwar Allah har mun shafe ta.

Nakan tambayi kaina me za ta ce da ta ga yanzu. Yaran kartiyenmu, wato unguwarmu, a waya suke tono suna, mai daɗin ji, mai tsawo, kowa ya haddace ma'anarsa da ƙasar da ya fito, amma tambayi ɗayansu sunan wadda ta haifi ubansa ka ga zare ido. Na san dariya za ta yi, ta ce su dai sun fi mu, ko ba komai nasu ana jin sa. Ko kuma ta zage ni tas don na kawo zancenta jarida.

Ana jibi suna na tuna wata yarinya da Dada take ware wa manyan ƙosai tana ce mata takwara, mu muna tsammanin wasa ne. 'Yar Mami Rose ce, wata Kirista 'yar ƙabilar Basa da muka yi maƙwabtaka kafin su koma unguwar Logbaba. Na hau benskin, wato babur ɗin haya, cikin ruwan sama na nemo gidan. Tsohuwar na nan, ido ya yi rauni amma baki garau.

Ta ce ranar da naƙuda ta kama ta ruwa ya cinye hanya, Dada ce ta karɓi haihuwar. A al'adarsu, wanda ya yi maka irin wannan, sunansa kake ba ɗanka, su zama mbombo, wato takwarori, kuma sunan gaskiya ake so. Dada ta yi ta zille mata, ita kuma ta zauna mata a tsakar gida ta ce ba za ta tashi ba.

"Ɗana, ku Hausawa kuna da wahala," in ji ta. "Ta faɗa mini a kunne kamar mai sata. Maimuna."

'Yar tata, Mari Maimuna, na can tana sayar da gasasshen kifi, da sunan aka yi mata baftisma. Mu kuma muna kwana ɗaki ɗaya da mai sunan ba mu sani ba.

Ranar suna liman ya ce Maimuna na nufin mai albarka. Aka yi shela sau ɗaya, aka shafa fatiha. Kafin a gama feɗe rago Baffa Sale ya sanar cewa a gidansa dai ba mai kama sunan uwarsa, mata suka ce to Ummi za a riƙa cewa. Na tashi zan yi musu tijara, na ɗauki jaririyar don in kira ta da ƙarfi kowa ya ji. Wallahi harshena ya ƙi. Ummi na ce.

Sai ga Mari ta shigo da kwanon kifi. Ta karɓi jaririyar daga hannuna, ta ɗaga ta sama tana kiran sunan gaɓa-gaɓa, tsofaffi na ta sunkuyar da kai.

Abin da Dada ta bar mana ke nan: kunyar da ta koya mana ta zauna daram a gidanmu, sunanta kuwa a gidan wasu ya rayu. Da na raka Mari bakin titi na roƙe ta alfarma, ta riƙa leƙo mu ko sau ɗaya a wata, don 'yata ta tashi tana jin sunanta a bakin wani.