Furannin Bakin Get da Littafin Aikin Gida

A shekarar da aka canza kuɗi, mutane suna wuni a layin banki, furannin bakin get suka mutu, aka ce ni na kashe su. Lokacin na yi shekara goma sha ɗaya ina aikin lambu a wani rukunin gidaje a Gwarinpa. Da yamma ina zuwa ajin yaƙi da jahilci a Jiwa, inda nake zaune. Malamarmu ta ɗora mana aikin gida: kullum mutum ya rubuta layi biyu a kan yininsa. Ni ba ni da labari sai na tiyo da famfo, su nake rubutawa.

Manajan gidajen ne ya sayo furannin, yana ji da su kamar 'ya'yansa. Da zafin bazara ya ƙone su, sai ya miƙo mini takardar tuhuma, ya ce in dangwala yatsa in tafi gida sai an neme ni. Na ji ƙishin-ƙishin har an samo wanda zai maye gurbina.

Abokan aiki suka ce in ɗauki dattijo mu je mu durƙusa. Wata mai shara da ta girme mu duka ta ce, "Ka durƙusa a kan me? Kai ka shanye ruwan? Ka ce sai an saurare ka, kuma da ni za ka shiga. Haƙƙinka ne, yana cikin takardar da aka ba mu ranar ɗaukar aiki, wadda ka naɗe ƙosai da ita."

Ranar zama muka shiga tare. Mutum uku ne a tebur: wata Hajiya mai kula da ma'aikata daga babban ofis, da shugaban masu gadi, sai manaja a kujerar tsakiya.

Na gaishe su, na ce wa manaja, "Ranka ya daɗe, a ƙauyenmu idan awaki suka ci gona, mai gonar a tabarma yake zama kusa da mai awakin. Wani ne ke yanke hukunci."

Hajiya ta rufe baki da mayafi. Da ta gama abin da take yi a ciki, ta ce masa ya daure ya dawo ɓangarenmu. Ya jawo kujera ya zauna tsakanina da mai shara, yana fifita da fayil.

"Baba, muna jin ka," in ji Hajiya.

Na ciro littafina. Manaja ya ce, "Yanzu kuma makaranta za mu zauna?"

Na ɗora yatsa a kan layi. "Litinin. Famfo babu ruwa. Na faɗa wa oga. Talata. Famfo babu ruwa. Na faɗa wa oga, ya ce yana mitin."

Karatuna ba ya gudu. Da na kai rana ta shida, shugaban masu gadi ya ce in kawo ya taya ni. Na ce Malama ta hana. Na ci gaba har rana ta goma sha huɗu. Hajiya ta karɓi littafin ta duba. A ƙasan kowane shafi akwai jan biro na Malama da kwanan wata.

Hajiya ta dubi manaja. Ya ce, a hankali, injin burtsatse ne ya lalace, yana jiran mai gyara.

"To, Yallaɓai, da me Baba zai ba su ruwa? Da hawaye?" in ji mai shara.

Hajiya ta ce in dawo aiki washegari, amma littafin zai zauna a fayil a matsayin shaida. Na roƙa, ta ce doka ce. Ni da na zo neman doka, sai na bar mata shi.

Abin da aka rasa: furanni arba'in da biyu, kwana tara da na yi a gida, gaisuwar manaja ta wata biyu, da littafina na farko, saura shafi bakwai ya cika.